Mai Jan Gashi da Ake Kira Shuɗi

Duk shekara idan kakar wasa ta ƙare, kulob ɗin Melbourne na ƙwallon Ostireliya yakan tara 'yan wasansa da iyalansu a yi walima, a raba kyaututtuka, kowace kyauta da sunan da take ɗauke da shi. Babbar cikinsu ta Keith "Bluey" Truscott ce. Wanda ya zo na biyu yakan karɓi ta Sid Anderson, na uku ta Ron Barassi babba, matashin da ya fi nuna ƙwazo kuma ya tafi gida da ta Harold Ball. Mutanen nan huɗu suna cikin tawagar da ta ci kofi a 1940. Kafin 1944 ta fita Yaƙin Duniya na Biyu ya cinye su duka: ɗaya a Libiya, ɗaya a Singafo, ɗaya a tekun yammacin Ostireliya, ɗaya a Niyu Gini. Babu wanda ya kai shekara 30 a cikinsu, babu kuma wanda ya buga wa kulob ɗin wasa 60. A wasan da gwani kan yi 200 ko 300 kafin ya rataye takalmi, wannan ɗan taƙin zama ne. Da ƙididdiga kaɗai ake tuna mutum, da tuni an shafe babinsu. Sunaye ne suka riƙe su, kowane suna kuma da hanyar da ya bi ya iso inda yake.

Sai an fara warware sunan wasan kansa, domin mai karatu da ya ji an ce ƙwallon ƙafa zai kawo wani abu dabam a ransa. Mutanen Melbourne ma ƙwallon ƙafa suke ce wa nasu, a taƙaice kuma su ce "footy", amma ƙwallon mai siffar ƙwai ce, filin ma haka, a kan filin kurket ake buga shi idan hunturu ya shiga. Mutum 18 ne a kowane gefe. Ana bugu da ƙafa, ana cafewa da hannu, ana naushin ƙwallon a miƙa wa abokin wasa, amma ba a jifa. A 1859 wasu 'yan kulob ɗin Melbourne, cikinsu har da Tom Wills, suka zauna suka rubuta dokokinsa na farko. Gasar da Truscott ya buga sunanta VFL, wato gasar jihar Biktoriya, wadda aka fara a 1897. Sai a 1990 aka sauya mata suna zuwa AFL da ta game ƙasar. Shi ya sa littattafan tarihin wasan kan haɗa sunayen biyu wuri guda idan suna lissafa wasannin mutum, har da na waɗanda suka rasu shekaru 40 da ɗoriya kafin a san da sabon sunan.

Turaku huɗu ne a kowane ƙarshen fili, biyu dogaye a tsakiya, biyu gajeru a gefe. Ƙwallon da aka buga da ƙafa ta ratsa tsakanin dogayen ba wanda ya taɓa ta, gol ce, maki 6. Wadda ta kauce ta bi ta gefe, ko ta daki turke, ko wani ya taɓa ta a hanya, "behind" suke ce mata, maki 1. Saboda haka sakamako lamba uku ne. A wasan ƙarshe na 1939 Melbourne ta ci gol 21 da na gefe 22, jimla 148, Collingwood ta tashi da 95. A na 1940 Melbourne ta yi gol 15 da na gefe 17, jimla 107, Richmond ta tsaya a 68. A 1941 suka sake ɗaukar kofin a hannun Essendon, karo na uku a jere. Wannan tawagar ce yaƙi ya faɗa wa tana kan ganiyarta.

Ita kanta tawagar ba ta daɗe da samun sunan da ake kiranta da shi yau ba. Da can ana ce musu Jajayen Ƙafafu saboda jar safarsu, ana kuma ce musu "Fuchsias", sunan wani fure mai kala irin ta rigarsu. Da Frank Hughes, wanda kowa ya sani da "Checker", ya baro Richmond ya zama kocinsu a 1933, sai ya tarar da 'yan wasa masu ladabi da ba sa cin wasa. Labarin da kulob ɗin ke bayarwa shi ne, wata rana ya tsawata musu cewa suna wasa kamar furanni, su ɗaga kai su yi wasa kamar shaiɗanu. Daga nan "Demons" ya bi su. Hausawa sun ce suna linzami ne. Hughes tsohon soja ne da ya ga Yaƙin Duniya na Ɗaya da idonsa, ya kuma san abin da suna ke yi wa zuciyar saurayi. Shekara shida bayan zuwansa furanni suka fara ɗaukar kofi.

To, a cikin waɗannan shaiɗanu akwai wani kakkauran saurayi mai jan gashi, haifaffen unguwar Prahran a 17 ga Mayu 1916. Iyayensa sun raɗa masa Keith William, amma da wuya ka ji wanda ya kira shi haka. "Bluey" ake ce masa, wato Shuɗi. Mu idan yaro ya fito ja, Jatau muke ce masa, sunan ya bi fatar. Mutanen Ostireliya juya abin suke yi. Mai sanƙo su kira shi mai nannaɗaɗɗen gashi, ƙato su kira shi ɗan mitsitsi, mai jan gashi kuwa Shuɗi ne ko'ina ya je. Akwai masu cewa asalin abin daga wata ma'anar kalmar ne, domin a bakinsu "blue" tana nufin rigima ko dambe, ana kuma yi wa masu jan gashi kallon masu saurin fushi. Masu wannan bayani da masu cewa juyin baki ne kawai duk sun haɗu a kan abu guda: sunan na shaƙuwa ne, wanda ake yi wa na gida. A shekarun yaƙin ma wani mai zanen barkwanci, Alex Gurney, ya yi suna da labarin sojoji biyu a jarida, Bluey da Curley. Al'adar ba ta mutu ba, don a 2000 wani kamfanin jiragen sama ya fara aiki a ƙasar da jirage jajaye da sunan Virgin Blue.

Truscott ya fara buga wa Melbourne a 1937. Gurbinsa gefen layin 'yan gaba ne, ba can bakin turaku ba, wurin da ake bukatar mai gudu da ba ya tsoron karo. Ɗan wasa ne mai amfani, mai zuciya, amma taurarin tawagar wasu ne: Jack Mueller, Allan La Fontaine, Percy Beames, da Norm Smith, wani mai jan gashin shi ma, wanda daga baya laƙabin Jan Dila ya bi shi. A 1940 Truscott ya shiga rundunar sojan sama, ya samu ya buga wasan ƙarshe na wannan shekarar, sannan aka tura shi Kanada koyon tuƙin jirgi. A 1941 yana Ingila a rukuni na 452, rukunin 'yan Ostireliya, yana tuƙa jirgin yaƙi na Spitfire yana tsallaka ruwa zuwa sararin Faransa. A nan ne sunan ya fi ƙarfin mai shi. Jaridun Landan da na gida suka kama Bluey suka riƙe, aka ba shi lambar girmamawa ta DFC har sau biyu. Wani basaraken Birtaniya, Marquess na Donegall, ya yi kira ga masu jan gashi na ƙasar su yi karo-karo, suka tara fam 5,000 don a sayi Spitfire saboda shi. A duba wannan da kyau: mutanen da ba su taɓa ganin wasan da yake bugawa ba, ba su san unguwarsu ba, suka sa hannu a aljihu saboda launin gashi da wani laƙabi da ke faɗin akasin launin.

Da Japan ta shiga yaƙin aka dawo da shi gida. A watan Mayu na 1942, yana hutu, Melbourne ta sa shi a wasanta da Richmond, ta kuma ba shi kyaftin na wannan rana. Kyaftin ɗin Richmond Jack Dyer ne, wanda ake kira "Captain Blood" saboda wani fim na Errol Flynn da kuma yadda yake karo da mutane. Fiye da shekara ɗaya da rabi Truscott bai taka fili ba, jiki ya yi nauyi, numfashi ya gajarta. Jama'a ba su damu ba, shi suka zo gani. Melbourne ta sha kashi sosai, shi ke nan kuma wasansa na ƙarshe. Duka-duka wasanninsa a gasar ba su wuce 50 ba.

Wata uku bayan haka yana Milne Bay, a kusurwar gabashin Niyu Gini, da rukuni na 76 masu jiragen Kittyhawk. Filin jirgin taɓo ne da aka shimfiɗa wa farantan ƙarfe, ruwan sama ba ya ɗaukewa, sojojin Japan kuma sun sauko daga teku suna matsowa. A 27 ga Agusta aka kashe shugaban rukunin, Peter Turnbull, ragama ta koma hannun Truscott. Da aka ba da umarni a kwashe jirage da matuƙa zuwa Port Moresby don gudun kada filin ya faɗa hannun abokan gaba cikin dare, ya ƙi tafiya, ya kwana tare da makanikai da sauran ma'aikatan ƙasa waɗanda ba su da jirgin da zai ɗauke su. Japan ta janye a farkon Satumba. A 28 ga Maris 1943, a mashigin Exmouth da ke yammacin Ostireliya, yana atisayen kai hari ga wani jirgin Catalina, teku ta kwanta lumui kamar madubi, bai gane tazarar da ke tsakaninsa da ruwa ba, jirginsa ya daki ruwan. Shekararsa 26. An binne shi a Perth, aka kuma sa sunansa ga wani filin jirgin yaƙi a yankin Kimberley.

Kyautar da ke ɗauke da sunansa a Melbourne ita ce ta "best and fairest". Kalma biyu ce, kowace da aikinta: wanda ya fi kowa iya wasa, wanda kuma ya fi kowa tsabtar wasa. Babbar kyautar gasar gaba ɗaya, lambar Brownlow, wadda aka fara bayarwa a 1924 don tunawa da Charles Brownlow na Geelong, ta ma sa tsabtar a gaba, iyawar a baya. Alƙalan wasa ne ke kaɗa ƙuri'arta, duk wanda aka dakatar saboda laifi a cikin kakar kuma ya fita daga takara ko da ya fi kowa ƙuri'a. Kowane kulob yana da tasa ta cikin gida. Richmond ta sa wa tata sunan Jack Dyer, Geelong ta sa sunan Carji Greeves, mutumin da ya fara cin Brownlow. Gwanaye ke nan da suka cika fili. Truscott kuwa bai taɓa cin wannan kyauta ba a Melbourne. A shekarunsa Mueller ya ci sau biyu, Smith ya ci, Ron Baggott ya ci. Duk da haka sunansa ne a jikinta, ba na Mueller ba, ba na La Fontaine da ya ci sau huɗu ba.

Ana iya cewa shahara ce ta yi aiki, kuma akwai gaskiya a ciki, don a 1943 da wuya a sami ɗan Ostireliya da bai san Bluey ba. Amma ni ina ganin kulob ɗin bai yi kuskure ba. Rabin sunan kyautar nan magana ce a kan hali, a kan yadda mutum ke mu'amala da waɗanda ke fili tare da shi. Mutumin da aka ba kujera a jirgi ya ce shi da makanikansa za su kwana, ya cika wannan rabin fiye da yadda kowace ƙuri'ar alƙali za ta iya aunawa. Saurayin da ya karɓi kyautar a yau, idan ya tambayi wane ne mai sunan, labarin da za a ba shi na daren Milne Bay ne, ba na yawan gol ba, kuma labari ne da ya kamata ɗan wasa ya ji.

Yaƙin bai bar sunayen wurare ba su ma. Wasan nan na Mayu 1942 a filin Punt Road aka buga shi, gidan Richmond, domin babban filin kurket na Melbourne, inda aka ɗaga kofuna ukun nan, ya koma bariki. Sojojin saman Amurka suka shiga suka raɗa masa Camp Murphy, don girmama wani kanar nasu. A 1943 sojojin kundumbalar ruwa na Amurka da suka fito daga Guadalcanal suka kwana a kan benayen 'yan kallo. Da sojan saman Ostireliya suka karɓa suka kira shi Ransford, sunan sakataren kulob ɗin kurket, Vernon Ransford. Sai bayan yaƙi filin ya koma hannun masu shi. An daina ba da Brownlow daga 1942 zuwa 1945. Geelong ta fita daga gasar a 1942 da 1943 saboda ƙarancin man fetur da takunkumin tafiye-tafiye, kulob 12 suka koma 11. A Adelaide kulob takwas aka haɗe biyu-biyu na tsawon kaka uku, sunaye suka zama tagwaye: Port Adelaide da West Torrens, Norwood da North Adelaide, Sturt da South Adelaide, West Adelaide da Glenelg. A Perth gasar ta koma ta samari 'yan ƙasa da shekarun shiga soja.

A wannan yanayi ne aka sami irin ɗan wasan da tarihin VFL ke cike da shi, wanda duk rayuwarsa ta wasa layi ɗaya ce a littafi: suna, kulob, shekara, wasa biyu ko uku, gol babu. Kulob ya rasa rabin mutanensa, ranar Asabar kuma dole a cika 18. Sai a ɗauko yaro daga ƙaramar tawaga, ko ma'aikacin masana'antar makamai da ba a bari ya tafi fagen daga ba, ko sojan wata jiha da aka ajiye a barikin kusa, a nema masa takardar izini ya buga. Mako biyu ko uku, sai a tura rundunarsa arewa. Wasu sun dawo suka tarar da gurbin ya cika, wasu sun dawo da zazzaɓin cizon sauro ko raunin da ba ya barin gudu, wasu ba su dawo ba. Waɗannan ba su da laƙabin da jarida ta ɗauka, ba su da kofi, babu kyautar da ake kira da sunansu. Abin da gasar ta yi musu, kuma ya cancanci yabo, shi ne ba ta ware wasannin yaƙi daga lissafi ba. Wasan 1943 wasa ne cikakke, wanda ya buga ɗaya tak ɗan wasan VFL ne har abada, sunansa na jere ɗaya da na Dyer. Sau da yawa jikoki ne ke zuwa neman wannan layin, su same shi yana nan.

Harold Ball ya ɗan fi su sa'a ta wannan fuska. Dogon saurayi ne daga Merbein, can bakin kogin Murray, mai aikin tsalle ya doke ƙwallon idan alƙali ya tashe ta. Kaka biyu kacal ya yi, 1939 da 1940, ya ci kofi a kowace. Ya tafi yaƙi a sashen ɗaukar masu rauni, sojojin Japan suka kama shi suka kashe a Singafo a watan Fabrairu na 1942, kwanaki kaɗan kafin birnin ya faɗi, yana da shekara 21. Shi ya sa kyautar matasa ce aka ba sunansa, don bai wuce matashi ba. Anderson ya yi kaka uku, kofi uku, aka harbo jirginsu kusa da Wewak da ke Niyu Gini a 1944.

Na huɗun, Ron Barassi, sunansa ya bi wata hanya da ta fi ta kowa nisa. Sunan kansa baƙo ne a jerin sunayen Ingilishi da na Ailan da suka cika gasar, don kakanninsa masu jin Italiyanci ne da suka zo Biktoriya a zamanin haƙar zinariya. Ƙaramin ɗan wasa ne mai sauri, irin wanda ke bin dogo yana tsintar ƙwallon da ya doko. A wasan ƙarshe na 1940 shi ne "mutum na 19". A wancan zamanin, tun daga 1930, an yarda kowace tawaga ta ajiye mutum ɗaya a benci, wanda zai shiga idan an cire wani, wanda aka cire kuma ba ya komawa. Mutum na 19 kan iya wuni a zaune cikin rigar sanyi bai taɓa ƙwallo ba, amma idan an ci kofi da shi aka ci. Ba a daɗe da wannan wasa ba Barassi ya shiga jirgin ruwa zuwa Gabas ta Tsakiya. Ya faɗa cikin waɗanda sojojin Jamus da na Italiya suka yi wa ƙawanya a Tobruk, a gaɓar tekun Libiya, tun watan Afrilu na 1941. Rediyon farfagandar Jamus ya kira su ɓeraye, saboda a ramuka da kogo suke kwana. Suka karɓi zagin suka mayar da shi kirari, har yau Ɓerayen Tobruk suna ne na alfahari a Ostireliya. A can Barassi ya rasu a ƙarshen Yuli 1941, ya bar mata da ɗa ɗaya mai shekara biyar, shi ma Ron.

Abokan wasansa da magoya bayan kulob ɗin suka ɗauki alkawarin kula da uwar da yaron. Amma akwai cikas. A lokacin an raba birnin yanki-yanki tsakanin kulob-kulob, yaro na kulob ɗin da ke da unguwar da yake zaune ne, unguwar su Ron ƙarami kuwa ba ta Melbourne ba ce. Melbourne ta matsa wa gasar lamba har aka kafa dokar da ake kira ta uba da ɗa: kulob na da damar ɗaukar ɗan tsohon ɗan wasansa ko a ina yake zaune. Yaron ya fara wasa a 1953, sanye da lamba 31, lambar mahaifinsa. Da mahaifiyarsa ta koma Tasmaniya, Norm Smith, wanda ya buga tare da uban kuma yanzu shi ne koci, ya ɗauke shi ya ajiye a gidansa. Ron ƙarami ya ci kofi shida a matsayin ɗan wasan Melbourne, ya ci wasu huɗu yana horar da Carlton da North Melbourne. Sunan ya girma har a 1978 masanin tarihi Ian Turner ya kira iyakar da ta raba ƙasar gida biyu, masu wannan wasa a kudu da yamma, masu zari-ruga a arewa maso gabas, da Layin Barassi. Ya rasu a watan Satumba na 2023.

Dokar uba da ɗa tana nan tana aiki, ta kawo wa kulob-kulob 'ya'yan gwanayensu da dama, irin su Gary Ablett ƙarami a Geelong. An sha gyara sharuɗɗanta. A yau sai uba ya buga wa kulob ɗin wasa 100 kafin a ba shi damar ɗaukar ɗansa. Ron Barassi babba wasa 58 ya buga. Saura 42, abin da bai kai kaka uku ba ga mai shekara 27 da lafiyarsa. Da sharaɗin yau aka auna shi, ɗan da aka kafa dokar dominsa ba zai shiga ƙarƙashinta ba.